Babi na Huɗu: Takobin da Ba Ya Yanka

A shekarar 2007 wani mai binciken tarihin fim, Natsuki Matsumoto, ya sayo wasu tsofaffin naɗe-naɗen fim a wurin masu sayar da kayan da a birnin Osaka. Da aka warware ɗaya daga cikinsu a gaban fitila, sai ga zanen wani barde, irin waɗanda Japanawa ke kira samurai, yana zazzare ido yana jujjuya sabon takobinsa. Fim ne da aka haska wa jama'a a ranar 30 ga Yuni, 1917, daga nan ya yi ɓatan dabo har shekara 90. Sunansa Namakura Gatana, wanda ya zana shi kuwa Junichi Kouchi.

Labarin ba shi da tsawo. Barden ya sayi takobi, zumuɗi ya hana shi sakat, yana ta neman wanda zai gwada kaifinsa a kai. Ya hangi wani makaho mai yi wa mutane tausa, ya lallaɓa ta bayansa, makahon ya sheme shi da shuri ɗaya. Ya tashi ya karkaɗe jiki, ya tare wani ɗan aike mai gudu, shi ma ya lakaɗa masa na jaki ya wuce abinsa, ya bar barde yana ihun neman agaji. Takobin ko kaza ba zai yanka ba. Abin da aka fara samu bai wuce minti biyu ba. Daga baya wani yanki ya sake bayyana, aka haɗa, ya kai kimanin minti huɗu. Shi ne katun ɗin Japan mafi tsufa da ya rage cikin waɗanda aka nuna a gidajen silima, kuma yau duk mai waya da ɗan data zai kalle shi kyauta.

Mai neman tsofaffin katun na Japan a intanet zai tarar da wani abu da ya saɓa wa tsammani: gwargwadon tsufan fim, gwargwadon sauƙin samunsa ta halastacciyar hanya. Na 1929 yana nan a buɗe, da fassara a ƙasa da bayanin wanda ya zana shi. Na 1979 kuwa sai an biya, in ma an same shi. Wuta da sa'a da doka ne suka tsara rumbun haka, kowace da rawar da ta taka.

Wuta ce ta fara. A 1917 mutum uku ne suka buɗe wannan sana'a a Tokyo kusan lokaci guda: Oten Shimokawa da Kouchi, dukansu masu zanen barkwanci a mujallu, sai Seitaro Kitayama, wanda ya fito daga cikin masu zanen fenti, kuma shi ya kafa sutudiyon katun na farko a ƙasar a 1921. Zaren fim na wancan zamani da sinadarin naitiret ake yin sa, ɗan uwan albarushi, wanda in ya kama da wuta ko ruwa ba ya kashe shi, in kuma an ajiye shi a wuri mai zafi sai ya narke ya zama gari. A ranar 1 ga Satumba, 1923, dab da tsakar rana, daidai lokacin da aka hura wutar abincin rana a gidaje, girgizar ƙasa ta afka wa yankin Kanto. Gobarar da ta biyo baya ta lashe yawancin Tokyo da Yokohama, mutum sama da 100,000 suka rasu. Sutudiyon Kitayama ya tafi, shi kansa ya koma Osaka. Abin da ya tsira daga wannan ya gamu da ruwan bama-bamai na 1945. Ko cibiyar da gwamnati ta kafa don adana fina-finai ba ta tsira ba: a watan Satumba na 1984 gobara ta tashi a gininta da ke unguwar Kyobashi a Tokyo, ta cinye fina-finan ƙasashen waje kimanin 330. Bayan shekara biyu aka buɗe sabon rumbu mai ɗakunan sanyi a Sagamihara, bayan gari. Fina-finan Shimokawa na 1917 dai har yau babu ko ɗaya a hannu.

Daga wannan rumbu aka zaɓo fina-finai 64 aka ɗora a intanet a watan Fabrairu na 2017, don bikin cika shekara 100 da fara katun a Japan. Cibiyar fina-finan, wadda tun 2018 ta zama Rumbun Fina-finai na Ƙasar Japan mai cin gashin kansa, ita ta yi aikin tare da cibiyar nazarin fasahar bayanai ta ƙasar. Sunan shafin Japanese Animated Film Classics, kuma nan ya kamata kowane mai nema ya fara. Fina-finan sun kama daga 1917 zuwa farkon shekarun 1940, da fassarar Turanci a ƙasa. Ana iya binsu ta sunan mai zane, ko ta irin labari, ko ta dabarar da aka yi amfani da ita, har ma ta irin halittun da ke ciki. Kallo kawai ake yi, ba a saukewa. Amma yawancinsu gajeru ne, minti goma ko ƙasa da haka, ba za su cinye wa mutum data ba.

Wanda zai fara kallo da yara, ya fara da Kobutori na Yasuji Murata, na 1929. Tsohuwar tatsuniya ce. Wani tsoho mai fara'a yana da ƙaton ƙari a kumatu. Hadari ya tare shi a daji ya fake a kogon itace, cikin dare sai ga taron aljanu masu dogon hanci, waɗanda ake kira tengu, suna kiɗa da rawa. Kiɗan ya ratsa tsoho, ya manta da tsoro ya faɗa fili. Rawarsa ta burge su har suka ce lallai ya dawo, kuma don kada ya saɓa alkawari suka cire ƙarin suka riƙe jingina, a zatonsu wata dukiya ce. Maƙwabcinsa mai baƙin rai, shi ma mai ƙari, ya ji labari ya garzaya. Rawarsa ta ɓata wa aljanun rai, suka manna masa ƙarin wancan a ɗaya kumatun, ya koma gida da biyu.

Abin lura shi ne yadda aka yi shi. A lokacin masu katun na Amurka sun riga sun koma zane a kan wata leda mai tauri da ake gani ta cikinta, ana ɗora ta a kan hoton baya. A Japan wannan leda shigo da ita ake yi, tsadarta ta fi ƙarfin ƙananan masu sana'a. Sai Murata ya riƙa yanka takarda: kai daban, hannu daban, ƙafa daban, ya shimfiɗa su ƙarƙashin kyamara, ya ɗauki hoto ɗaya, ya gusa hannun kaɗan, ya sake ɗauka. Daƙiƙa ɗaya tana cin hoto goma sha wani abu. Duk da haka in ba an faɗa wa mai kallo ba, da wuya ya gane takarda ce, don rawar tsohon tana tafiya sumul, gajimare na wucewa, ruwan sama na zuba a karkace. A wannan dabara Murata ba shi da na biyu a zamaninsa.

Noburo Ofuji shi ma takarda yake yankawa, amma irin mai ado da launi da ake kira chiyogami, wadda yara mata ke naɗe-naɗe da ita. Fim ɗinsa na 1926, Baguda-jo no Tozoku, wato ɓarayin fadar Bagadaza, kwaikwayo ne na wani fim ɗin Amurka na 1924 da aka gina a kan yanayin Dare Dubu da Ɗaya, sai dai Bagadazar Ofuji cike take da barade masu kimono da gidaje masu rufin Japan. Bayan Yaƙin Duniya na Biyu ya koma aiki da inuwa da leda mai launi, fim ɗinsa na ƙaton kifin teku, Kujira, ya je bikin Cannes a Faransa a 1953. Ya rasu a 1961, kuma tun 1962 ake ba da wata lambar yabo ta katun da sunansa. Wanda ya fara karɓa shi ne mai zanen katun Osamu Tezuka. Shafin rumbun ƙasa ya ware wa Ofuji sashe guda, inda ake ganin takardun da ya yanka da hannunsa da kayan aikinsa.

Wa ke biyan waɗannan mutane? Ba gidajen silima ba, galibi. Katun na Amurka yana isowa Japan bayan ya riga ya mayar da kuɗinsa a gida, don haka ana ba da shi da araha, ga shi kuma ya fi na gida santsi. Masu zanen Japan sai suka koma ga Ma'aikatar Ilimi da sauran hukumomi da kamfanoni masu neman talla. Shi ya sa mai kallo zai ji ƙanshin aji a yawancin fina-finan. Sanae Yamamoto ya yi Ubasuteyama a 1925, labarin sarkin da ya ba da umarnin a kore duk tsohon da ya kai shekara 60, da ɗan da ya ɓoye mahaifiyarsa a ƙarƙashin daɓen ɗaki, har ranar da maƙwabciyar ƙasa ta aiko da kacici-kacicin da ya gagari fada, tsohuwar ta warware shi daga maɓoyarta. A shekara mai bi ya yi wa ma'aikatar wani a kan yadda cuta ke yaɗuwa ta ƙazanta. Murata kuma yana da na wani yaro, Taro, da ya yi mafarkin jirgin ƙasansa na wasa ya zama na gaske, fasinjojin duk dabbobi, wannan ya mamaye kujera, wancan ya zubar da shara: darasi ne na ladabin shiga jirgi. Wa'azin yakan yi yawa, gaskiya. Amma albarkacinsa ne aka buga kwafi da dama aka rarraba wa makarantu da hukumomi, wasu suka kwana a kabad har suka iso zamanin kwamfuta.

Akwai abin da shafin ba zai iya mayarwa ba. Mai kallo zai buɗe fim ya ji shiru, ya duba ko lasifikarsa ce ta lalace. Lafiyarta ƙalau. Yawancin fina-finan ba su da sauti, amma a zamaninsu ba a taɓa kallonsu shiru ba. A gefen allon majigi akwai mutum a tsaye, benshi, yana ba da labari, yana yin muryar tsoho da ta yarinya da ta aljani, yana sako barkwancinsa, makaɗa na taya shi. Wanda ya saba da fina-finan Indiya da ake juyawa zuwa Hausa ya san yadda mai fassara ke iya zama rabin daɗin fim. To benshi haka yake, sai dai shi a gaban jama'a yake yi, kai tsaye, kuma wasunsu sun yi suna har mutane na zuwa silima don su, ba don fim ɗin ba. Ƙarfinsu na cikin dalilan da suka sa fim marar sauti ya daɗe a Japan har tsakiyar shekarun 1930. Sana'ar ba ta mutu ba. Midori Sawato, almajirar Shunsui Matsuda, wani benshi da ya shafe rayuwarsa yana tattara tsofaffin fina-finai, tana cikin waɗanda suka riƙe ta, kuma ana jin muryarta a wani ƙunshin faifan DVD na katun 55 da kamfanin Digital Meme ya fitar a 2007. Iyayen da za su kunna wa yara waɗannan fina-finai a gida, aikin benshi ya hau kansu, kuma ba ƙaramin nishaɗi ba ne.

'Yan kaɗan suna da sauti ta wata dabara: a kunna majigi, a ɗora faifan garmaho a lokaci guda, a yi fatan su tafi tare. Kuro Nyago na Ofuji, na 1929, wanda baƙar kyanwa ke rawa a ciki, irin wannan ne.

Sa'a kuma ta zo ta hannun yara. Kafin yaƙi, in kwafin fim ya gama yawo a gidajen silima ya tsufa, 'yan kasuwa kan saye shi su yayyanka gunduwa-gunduwa, su zuba a ƙananan gwangwanaye, su sayar tare da majigin wasa da ake juyawa da hannu. A idon mai fim wannan ɓarna ce. Amma fina-finai da yawa, gunduwar da wani yaro ya ajiye a akwatinsa ita kaɗai ta rage. A Kyoto akwai ɗan gidan tarihi na irin waɗannan gutsattsari, wanda Yoneo Ota ya buɗe a 2015. A birnin ne kuma, a 2005, Matsumoto ya gano wani guntu mai hoto 50 kacal, daƙiƙa uku: yaro sanye da rigar matuƙan jirgin ruwa ya rubuta wasu haruffa a allo, ya juyo, ya cire hula ya yi gaisuwa. Ba da kyamara aka ɗauke shi ba, buga shi aka yi a jikin zaren da ja da baƙi. Ana kiransa Katsudo Shashin, yana nan a Wikimedia Commons, kuma masana na ganin ya girmi na 1917.

Mafi ban mamaki su ne fina-finan takarda. A shekarun 1930 wasu kamfanonin Japan sun riƙa buga fim a kan doguwar takarda maimakon leda, ana haska ta ta gaba hoton ya faɗa bango. Da yawansu masu launi ne, a zamanin da silima ke baƙi da fari. Takardar ta tsufa, ba ta jure majigi kuma. Wani malami a Jami'ar Bucknell da ke Amurka, Eric Faden, da abokan aikinsa suka ƙera na'ura ta musamman mai ɗaukar hotonsu ba tare da yaga su ba, suna ɗora abin da suka ceto a intanet.

Daga rumbunan hukuma sai kasuwar kowa da kowa, wato Internet Archive da YouTube, inda duk wanda ya ga dama yake ɗora abin da ya samu. Akwai alheri a can, akwai kuma shirme. Za a ga fim da shekarar da ba tasa ba, ko an liƙa masa kiɗan da bai dace ba, ko an wanke launin rinin da aka tsoma zaren a ciki tun asali. Mafi yawan lahani shi ne gudu. Fim marar sauti ana juya shi ne a kan hoto 16 ko 18 a daƙiƙa, in aka kunna shi a kan 24 na zamanin sauti sai mutanen ciki su riƙa zabura kamar an tsikare su, mai kallo ya ɗauka haka aka yi shi. Suna ma matsala ne. Namakura Gatana yana da wani sunan, Hanawa Hekonai Meito no Maki. Kobutori a wani wuri The Lump ne, a wani The Stolen Lump. Dabara ita ce a kwafo sunan da haruffan Japananci daga shafin rumbun ƙasa, a liƙa shi a wurin nema, sannan a gwada tsawon mintunan da na rumbun.

Game da doka, an saba cewa duk fim ɗin Japan da ya fito kafin ƙarshen 1953 ya zama na kowa. Akwai ƙanshin gaskiya. A da kariyar shekara 50 ce daga fitowar fim, aka mayar da ita 70 daga farkon 2004, kuma a 2007 Kotun Ƙolin Japan ta yanke cewa ƙarin bai shafi fina-finan 1953 ba. Sai dai a shari'o'in fina-finan Charlie Chaplin da na Akira Kurosawa kotuna sun koma ga tsohuwar doka, wadda ke ƙirga shekara 38 daga mutuwar mai aikin. Kurosawa ya rasu a 1998, don haka fina-finansa na farko suna da kariya har 2036. Ke nan ganin fim a Internet Archive ba hujja ba ce cewa ba shi da mai shi.

Akwai kuma waɗanda ya kamata babba ya fara kallo kafin ya kira yara. Momotaro, yaron tatsuniya da ya fito daga cikin ɗan itace ya tafi yaƙar dodanni tare da kare da biri da tsuntsu, tun farkon shekarun 1930 aka fara sa masa kakin soja. A 1943 Mitsuyo Seo ya yi wa rundunar sojan ruwa fim na minti 37 inda dabbobin Momotaro ke kai hari tsibirin dodanni, kuma kowa ya san harin da Japan ta kai Pearl Harbor ake nufi. A watan Afrilu na 1945 ya fitar da Momotaro: Umi no Shinpei, minti 74, dogon katun na farko a Japan. Zanen yana da kyau ƙwarai, nan ne ma haɗarinsa. Ga ɗan biri da ɗan kare suna ban kwana da ƙauye, ga dabbobin wani tsibiri ana koya musu haruffan Japananci cikin waƙa, sai ga sojan lema suna sauka, Turawa masu ƙaho suna rawar jiki suna miƙa wuya. Tezuka ya kalle shi yana matashi a Osaka, ya rubuta cewa sai da ya yi hawaye. An daɗe ana zaton an hallaka fim ɗin bayan yaƙi, sai a 1983 aka tsinci nigatif ɗinsa a ma'ajiyar kamfanin Shochiku, aka gyara shi aka nuna a Cannes a 2016. Ko Kumo to Churippu na Kenzo Masaoka, na 1943, wanda babu bindiga ko ɗaya a ciki, labarin wata 'yar ƙwaro ce da furen tulip ya ɓoye daga gizo-gizo, yana da nasa tabon: an zana gizo-gizon da baƙar fuska da manyan fararen leɓɓa, irin siffar da 'yan wasan Amurka ke yi don yi wa baƙar fata ba'a. Ruwan saman da ke cikin fim ɗin yana daga mafi kyawun abin da aka zana a wancan zamani, kuma wannan bai goge wancan ba.

Daga 1956, da aka kafa sutudiyon Toei, zance ya koma na manyan kamfanoni masu lauyoyi. Hakujaden na 1958, dogon katun mai launi na farko da Japan ta yi wa gidajen silima, wanda ya ja hankalin Hayao Miyazaki zuwa sana'ar yana ɗan sakandare, yana hannun Toei, ita ta gyara shi ta kai Cannes a 2019. Fina-finan Ghibli, sutudiyon su Miyazaki, sun daɗe ba sa kan intanet ta halal, sai a 2020 Netflix ta sami izinin nuna 21 daga cikinsu a wajen Amurka da Kanada da Japan. Haka abin yake ga katun ɗin da yaran Najeriya suka kalla a talabijin a shekarun 1980 da 1990. Voltron asalinsa shirin Toei ne na 1981 mai suna Golion, Amurkawa suka yanke suka sake masa suna. Babu rumbun gwamnati da zai ɗora shi kyauta.

Abin da gwamnatin Japan ta tanada a nan shi ne kundin sunaye, Media Arts Database, da aka fara a ƙarƙashin Hukumar Al'adu. Ba a kallon komai a ciki, amma yana ba da ainihin sunan shiri da shekararsa da kamfanin da ya yi shi, kuma da wannan ake gane inda za a nema. Wanda ya tashi a Sudan yana kallon Kaftin Majid da Larabci, da wanda ya tashi a Nijar yana kallon Olive et Tom da Faransanci, yaro ɗaya suke nema mai buga ƙwallo, kuma sai sun rubuta Captain Tsubasa, 1983, kafin su same shi.